Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Kwamitin Zauren Gwanayen Besbol: Ku Karrama Dusty Baker Tun Yana Raye

Zuwa ga mambobi 16 na kwamitin da ke tantance manajoji, shugabannin ƙungiyoyi da alƙalan wasa, Zauren Gwanayen Besbol na Amurka, Cooperstown, jihar New York.

Ranku ya daɗe,

Bayan gaisuwa da fatan alheri. A watan Disamba na 2026 za ku zauna, a ajiye muku takarda mai sunaye takwas, kowannenku kuma mutum uku ne iyakar waɗanda zai iya zaɓa. Wanda ya samu ƙuri'a 12 ya shiga Zauren, wanda ya gaza sai ya sake jiran shekara uku. Roƙona shi ne ku shigar da Johnnie B. Baker Jr., wanda kowa ya sani da Dusty Baker, a wannan zama, kada ku tura shi gaba. Na san kun fi ni sanin mutumin, ba mamaki ma wasunku sun kara da shi a fili. Amma da yake wasiƙar a buɗe take, kuma akwai masu karatu da ba su taɓa jin sunansa ba, ku yi haƙuri in ɗauko zancen daga tushe.

Kaka 26 ya yi yana riƙe da ƙungiya, ya ci wasa 2,183. Lokacin da ya ajiye aiki a watan Oktoba na 2023, mutum shida kaɗai ne suka fi shi yawan nasara a tarihin wasan: Connie Mack, Tony La Russa, John McGraw, Bobby Cox, Joe Torre da Sparky Anderson, kuma dukkansu suna cikin Zaurenku. Shi ne manaja na farko da ya ci kofin rukuni da ƙungiyoyi biyar daban-daban, wato Giants, Cubs, Reds, Nationals da Astros. Sau uku ana zaɓensa gwarzon manaja na shekara, a 1993 da 1997 da 2000. Wannan lissafi yana gabanku, ba sai na tsaya a kansa ba. Abin da nake tsoro shi ne ku ce ai shigarsa tabbas ce, ba gaggawa, a fara sallamar wasu tukuna.

An haife shi a Riverside ta jihar Kalifoniya ranar 15 ga Yuni 1949, ya gama sakandare a yankin Sacramento. A 1967 ƙungiyar Atlanta Braves ta zaɓe shi a zagaye na 26, can ƙarshen layi inda ba a sa ran a samu wani abin kirki. Mahaifinsa ya so ya wuce jami'a, shi kuma yaron, da ya tashi a Kalifoniya, yana fargabar kudancin Amurka na wancan zamani, inda baƙar fata bai gama sanin wane gidan abinci zai shiga a karɓe shi ba. Hank Aaron, babban tauraron Braves, shi ma baƙar fata, shi ne ya ɗaukar wa mahaifiyarsa alkawarin zai riƙe shi kamar ɗan cikinsa, kuma ya cika. A gidan Aaron ne Baker ya riƙa haɗuwa da jagororin gwagwarmayar 'yancin baƙaƙe irin su Andrew Young da Jesse Jackson. Ya fara wasa a babban lig a watan Satumba na 1968, shekarar da Braves ta ɗauki tsohon gwanin jifa Satchel Paige don ya cika kwanakin da za su ba shi damar karɓar fansho. Ku duba fa: yaro ɗan shekara 19 ya zauna benci ɗaya da mutumin da ya yi ƙuruciyarsa a lig ɗin baƙaƙe, a zamanin da aka haramta musu manyan lig. Mutane nawa suka rage a duniya da za su iya ba da wannan labari da bakinsu?

Ranar 8 ga Afrilu 1974, a filin Atlanta, a zango na huɗu cikin tara na wasan, Aaron ya tsaya gaban mai jifa Al Downing na Dodgers yana neman bugun tsallake-katanga (bugun da ƙwallo ke ketare katangar fili) na 715, wanda zai karya tarihin Babe Ruth, wanda ya fi kowa yawan irin wannan bugu a lokacin. Mai bugu na gaba, wanda ke jiran layinsa a cikin da'irar gefen fili, Baker ne. A hoton bidiyon ana ganinsa ya zabura ya ɗaga hannu sama ƙwallon na tafiya. Abin da hoton bai nuna ba shi ne watannin da suka gabata, lokacin da wasiƙun zagi da barazanar kisa suke zuwa wa Aaron buhu-buhu. Baker ya sha ba da labarin yadda Aaron yakan karanta wasiƙa ya dunƙule ya yar, shi kuma ya ɗauka ya warware ya ga abin da aka rubuta. A nan ya ga yadda namiji yake shanye baƙin ciki ya fita fili ya yi aikinsa ba tare da ya huce a kan abokan wasansa ba. Ni a ganina duk abin da aka yabe shi da shi daga baya wajen riƙon mutane, a wannan ɗakin sauya kaya ya koyo shi.

Daga 1976 zuwa 1983 yana Los Angeles Dodgers. A 1977 yana cikin 'yan wasa huɗu na ƙungiyar da kowannensu ya yi tsallake-katanga 30 ko fiye a kaka guda, shi da Steve Garvey da Reggie Smith da Ron Cey, abin da ba a taɓa yi ba kafin nan. Nasa na 30 ya zo ne a ranar ƙarshe ta kaka, a hannun J.R. Richard na Houston, kuma tafawar da ya yi da Glenn Burke hannu a sama bayan bugun ita ce mutane da yawa suke ɗauka mafarin irin wannan gaisuwa ta 'yan wasa. A shekarar ce aka fara ba da kyautar gwarzon wasannin fitar da zakaran National League, ɗaya daga cikin manyan lig biyu, kuma shi ya karɓa. Ya ci World Series, gasar ƙarshe ta cin kofi tsakanin zakarun manyan lig biyu, da Dodgers a 1981. Da ya rataye sanda a 1986, bayan kaka 19, yana da tsallake-katanga 242 da bugu mai kai mutum tasha 1,981. Ba na cewa wannan kaɗai ya isa shigar da shi a matsayin ɗan wasa. Ina cewa idan an zo auna mutum a auna shi gaba ɗaya.

Bai tashi da burin zama manaja ba. Da ya bar wasa ma harkar hannun jari ya shiga. Abin da ya dawo da shi kun san shi. A watan Afrilu na 1987, ana cika shekara 40 da shigar Jackie Robinson babban lig, shigar da ta karya shingen hana baƙaƙe, Al Campanis, babban jami'in Dodgers, ya faɗa a shirin talabijin na Nightline cewa wataƙila baƙaƙe ba su da wasu abubuwan da ake buƙata don zama manaja ko shugaban ƙungiya. Kwana biyu bayan haka ya rasa kujerarsa, amma maganar ta riga ta fita, kuma kowa ya san ba shi kaɗai yake da wannan tunani ba. Shekara 15 kafin nan, a watan Oktoba na 1972, Jackie Robinson ya tsaya a filin Cincinnati lokacin World Series ya ce farin cikinsa zai fi haka ranar da ya ga baƙar fata yana jagorantar ƙungiya. Kwana tara bayan jawabin ya rasu. Sai a kakar 1975 Frank Robinson ya fara jagorantar Cleveland, baƙar fata na farko da ya zama manaja. Bayan abin kunyar Campanis ne Al Rosen na San Francisco Giants ya jawo Baker, ya fara da mai ba da umarni a tasha ta farko a 1988, sannan kocin bugu na shekara huɗu a ƙarƙashin Roger Craig. Shekara biyar yana koyon aikin daga ƙasa kafin a miƙa masa ragama.

Kakarsa ta farko, 1993, Giants ta ci wasa 103, amma ta zauna a gida a watan Oktoba, domin Atlanta ta ci 104 kuma a lokacin zakaran rukuni kaɗai ke wucewa. Shekara goma ya yi a San Francisco, shida daga ciki yana riƙe da ɗakin da Barry Bonds da Jeff Kent suke ciki, gwanaye biyu da ba sa ga maciji da juna, har ta kai su ga ture-ture a rumfar 'yan wasa a San Diego a watan Yuni na 2002, a gaban kyamara. Wata huɗu bayan haka ƙungiyar tana World Series. Wannan shi ne ɓangaren aikin manaja da ba ya shiga takardar lissafi. Kakar besbol wasa 162 ce a cikin wata shida, kusan kullum ana fili, maza ashirin da wani abu suna tare a jirgi da otal da ɗakin sauya kaya, wasu daga Amurka, wasu daga Jamhuriyar Dominika ko Benezuwela ko Kuba, wannan yana karɓar miliyoyin dala, wancan yana fargabar a mayar da shi ƙaramin lig gobe. Baker yana jin Sifaniyanci, yana magana da 'yan wasan Latin Amurka da harshensu. Ya san wanda ake ja wa kunne a gaban jama'a da wanda sai an kira shi ofis an rufe ƙofa. Ya san lokacin da za a bar mai bugu a layi ko da ya yi mako biyu bai taɓa ƙwallo da kyau ba, domin cire shi zai karya masa gwiwa har ƙarshen kaka.

Yanzu bari in zo kan abin da masu sukarsa za su kawo muku, domin ba ƙarya suke yi ba. A wasa na shida na World Series ta 2002, Giants tana gaban Anaheim Angels da maki 5 da babu a zango na bakwai, kofin yana gab da shiga hannu. Baker ya fito ya cire mai jifa Russ Ortiz, ya miƙa masa ƙwallon ya tafi da shi, aka sha su 6 da 5, washegari kuma aka rasa kofin. A 2003, da Chicago Cubs, saura su fitar da masu bugu biyar su kai World Series a karon farko tun 1945, suna gaban Florida Marlins 3 da babu a zango na takwas, sai aka zuba musu maki takwas a zangon nan guda. An daɗe ana ɗora laifin a kan wani ɗan kallo da ya miƙa hannu ga ƙwallo, wanda zalunci ne. Ɗan wasan tsakiya Alex Gonzalez ya kuskure ƙwallon da ya saba kamawa, Baker kuma ya makara wajen cire Mark Prior da ya riga ya gaji. A 2012 Cincinnati ta ci wasa biyu na farko a San Francisco, ta dawo gida ta sha kashi uku a jere. Duk wannan ya faru, kuma yana da nasa kason a ciki.

Zargin da ya fi bin sa shi ne ya lalata hannun matasan masu jifa biyu, Prior da Kerry Wood, da yawan aiki. Gaskiya ne a ƙarshen kakar 2003 an sha barin Prior, yana ɗan shekara 22 zuwa 23, ya wuce jifa 120 a wasa guda, abin da babu manajan da zai yarda da shi yau. Amma Wood an yi masa babbar tiyatar gwiwar hannu tun 1999, shekara huɗu kafin Baker ya sauka a Chicago. Prior kuma ya yi karo da Marcus Giles a guje a 2003 ya ji ciwo a kafaɗa, sannan a 2005 ƙwallon da aka bugo da ƙarfi ya same shi a gwiwar hannun da yake jifa da shi. Shi kansa Prior ya rubuta a 2016 cewa ba ya ɗora wa Baker alhakin abin da ya same shi. In mai ciwon ya faɗi haka, ban ga dalilin da wani zai ci gaba da kuka a madadinsa ba. Ku kuma tuna yadda ake tafiyar da masu jifa a wancan zamani a dukkan ƙungiyoyi kafin ku ware mutum ɗaya.

Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne yadda aka riƙa rabuwa da shi. Giants ta bar shi ya tafi makonni kaɗan bayan ya kai ta World Series. Cincinnati, da ta yi shekara 15 ba ta shiga wasannin fitar da zakara ba kafin ya kai ta a 2010, ta kore shi a 2013 bayan ya ci wasa 90. Washington Nationals ta ɗauke shi, ya ci 95 a 2016, ya ƙara cin 97 a 2017, kofin rukuni biyu a shekara biyu, aka ce ba za a sabunta masa kwantiragi ba. Ya zauna babu ƙungiya a 2007, da 2014 da 2015, da 2018 da 2019, yana kallon ana ba waɗanda ba su taɓa riƙe ko ƙaramar ƙungiya ba irin kujerar da yake nema. Kaka biyar ke nan aka ɗebe daga lissafinsa. Ba zan rantse muku cewa launin fatarsa ne dalilin kowace sallama ba, domin ban shiga zuciyar masu ƙungiyoyin ba. Amma ku da kuka san wasan, ku lissafa manajoji nawa aka sallama sau uku suna cikin nasara haka.

A watan Janairu na 2020 hukumar manyan lig ta MLB ta fitar da rahotonta kan Houston Astros: a kakar 2017, wadda suka ci kofi, 'yan wasan sun riƙa satar alamun hannu da mai cafka ke yi wa mai jifa ta hanyar kyamara, sai wani ya doki garwar shara don mai bugu ya san irin jifan da ke tafe. Aka ci ƙungiyar tarar dala miliyan 5, aka dakatar da manaja A.J. Hinch da babban jami'i Jeff Luhnow, mai ƙungiyar Jim Crane kuma ya sallame su a ranar. 'Yan wasan ba a hukunta ko ɗaya ba, shi ya sa fushin jama'a ya koma kansu. Da aka rasa wanda mutuncinsa zai iya tsayawa a gaban wannan ƙungiya, sai aka tuna da dattijo ɗan shekara 70 da aka jingine shekara biyu. Bai san hawa ba bai san sauka ba a wannan maguɗi, amma shi ya riƙa zama gaban 'yan jarida kullum yana amsa tambayoyinsa, shi ya riƙa shiga filayen da ake yi wa yaransa ihu. Kaka huɗu ya yi a Houston, kuma duk huɗun ya kai wasannin fitar da zakaran American League. A 2021, shekarar da Aaron ya rasu, ya kai World Series ya sha kashi a hannun Braves, ƙungiyar da ta raine shi.

A 2022 Astros ta ci wasa 106 ta haɗu da Philadelphia Phillies. Ina so ku dubi wasa na huɗu da kyau. Cristian Javier ya yi zango shida babu mai bugu ko ɗaya da ya samu sa'arsa, yana kan hanyar kafa tarihi shi kaɗai, jifansa 97. Baker ya cire shi. Ya miƙa sauran zango uku ga Bryan Abreu da Rafael Montero da Ryan Pressly, su huɗun suka kammala wasan ba a yi musu bugu ko ɗaya ba. Mutumin da aka yi shekara kusan 20 ana cewa ba ya tausayin hannun mai jifa, ba ya sauraron masu lissafi, shi ne ya yanke wannan shawara a dare mafi tsada. Ranar 5 ga Nuwamba, a wasa na shida, Yordan Alvarez ya yi tsallake-katanga mai maki uku a zango na shida. Da Kyle Tucker ya cafke ƙwallon ƙarshe a gefen layi, kyamara ta koma rumfa, sai ga Baker ya sunkuyar da kai yana cike fitarwar a takardar lissafinsa, kamar yadda ya saba bayan kowace fitarwa, kafin mataimakansa su rufe shi suna kiran sunansa. Yana da shekara 73, manaja mafi tsufa da ya taɓa cin World Series, kuma baƙar fata na uku bayan Cito Gaston da Dave Roberts. A wannan gasa dai babu ɗan wasa baƙar fata haifaffen Amurka ko ɗaya a ƙungiyoyin biyu, karo na farko tun 1950, kuma Baker bai ɓoye cewa abin ya dame shi ba.

Dalilin da ya sa nake matsa muku kan lokaci yana cikin tarihin Zaurenku. Buck O'Neil bai samu shiga ba a zaɓen musamman na 2006, ya rasu a watan Oktoban shekarar, sai a ƙarshen 2021 aka zaɓe shi. Ron Santo ya rasu a Disamba 2010, aka zaɓe shi a Disamba 2011. Minnie Miñoso ya rasu a 2015, aka zaɓe shi a 2021. Dick Allen ƙuri'a ɗaya ta hana shi a 2014, ya rasu a 2020, ƙuri'a ɗaya ta sake hana shi a 2021, sai a 2024 aka buɗe masa ƙofa. Waɗannan duk ba wani sabon wasa suka buga ba tsakanin ranar da aka ƙi su da ranar da aka karɓe su. Iyalansu ne suka hau mumbari a Cooperstown suka yi jawabin da su ya kamata su yi. Baker an yi masa tiyatar kansar mafitsara ta maza (prostate) a ƙarshen 2001, ya yi fama da bugun zuciya da ɗan shanyewar jiki a Satumba 2012. Rai na hannun Allah, kuma ina yi masa fatan tsawon kwana. Amma ranar da za ku zauna yana da shekara 77, in kuka ɗage kuma sai 2029, yana da 80.

Har yau babu baƙar fata ko ɗaya da ya shiga Zaurenku a matsayin manajan National League ko American League. Frank Robinson da wasansa ya shiga a 1982. Ba na roƙon ku zaɓi Baker don cike wannan gurbi, domin hakan rage masa daraja ne, aikinsa ya ishe shi. Amma ina roƙonku kada zaɓensa ya zama hujjar mantawa da Cito Gaston, abokinsa tun zamanin Braves, wanda shi ma Aaron ya yi rainonsa. Gaston ya ci World Series biyu a jere da Toronto Blue Jays ta Kanada a 1992 da 1993. Bayan an sallame shi a 1997 babu ƙungiyar da ta ba shi aikin manaja har Toronto ta dawo da shi a 2008. A zamanku na Disamba 2023, wanda kuka zaɓi Jim Leyland da ƙuri'a 15, Lou Piniella ya tsaya a 11, Gaston ko biyar bai samu ba. Za a ce wasa 894 kawai ya ci, ba su kai ba. To wa ya hana shi shekara goman da zai ƙara su? In sunansa ya dawo kan takardar, ku tattauna shi da gaske kafin a raba takardun ƙuri'a, domin shi ya riga ya haura 80.

Naku cikin girmamawa,
Wani mai bibiyar wasan besbol